An Toshe Lungu, Alƙali Ya Ba da Umarnin Wucin Gadi: Tambayoyi da Amsoshi kan Sake Duba Shi a Kotunan Arewacin Kamaru

Waɗannan su ne tambayoyin da ke ta maimaituwa a bakin mutanen Garwa, Marwa da Ngawundare idan rigimar hanya ta kai gaban alƙali. Galibi labarin iri ɗaya ne. Gida biyu, ɗaya a bakin titi, ɗaya a bayansa, da lungun da aka daɗe ana bi, sai a wayi gari an sauke bulo da yashi a bakinsa. Don sauƙi za mu riƙa cewa mai gidan gaba da mai gidan baya. Bayanin ya shafi yankunan da ke bin tsarin shari'a na Faransanci ne, kuma ba zai ɗauke maka zama da lauya a kan takardunka ba.

Mene ne umarnin wucin gadi, kuma wa ke bayar da shi?

Shi ne abin da ake kira refere a harabar kotu. Idan magana ta gaggawa ce, ba za ta iya jiran doguwar shari'a ba, dokar tsarin shari'ar farar hula da kasuwanci ta 1954, daga sashe na 182, ta ba da damar a je wurin alƙali guda ya ba da umarni na ɗan lokaci. Dokar tsara kotuna mai lamba 2006/015 ta 29 ga Disamba 2006 ta ɗora wannan aiki a kan shugaban kotun matakin farko, ko alƙalin da ya wakilta. A rigimar hanya, abin da aka fi nema shi ne a dakatar da gini, a kwashe abin da aka tare hanya da shi, ko a cire kwaɗon da aka sa wa ƙofa.

Ana kiran ɗayan ɓangaren da sammaci ta hannun wisiye, wato jami'in da ke isar da takardun kotu da aiwatar da hukuncinta, ya zo ya kare kansa. Idan gaggawar ta yi tsanani, misali magina na aiki dare da rana, ana iya neman izinin alƙali a sa zama cikin sa'o'i, ko da ranar hutu ce.

Na samu umarni a buɗe lungun. Ke nan hanyar ta zama tawa?

A'a, kuma nan ne mutane da yawa ke yin barci. Sashe na 185 na dokar 1954 ya ce umarnin refere ba ya taɓa asalin magana. Alƙalin gaggawa bai ce kana da haƙƙin hanya har abada ba, bai ce ƙasar lungun taka ce ba. Abin da ya ce kawai shi ne a bar abu yadda yake, ko a mayar da shi yadda yake, kafin a yi shari'ar gaske. Alƙalin da zai saurari asalin ƙarar ba dole ne ya bi ra'ayinsa ba.

Saboda haka ranar da ka karɓi umarnin, ranar ce ya kamata ka fara shirin shigar da babbar ƙara, wadda za ta tabbatar da hanyar, faɗinta, inda za ta bi, da diyyar da za ka biya in akwai. Wanda ya tsaya a kan takardar refere kaɗai, in mai gidan gaba ya sayar ko ya rasu, yakan tarar da sabon mai gida ko magada sun sake tayar da maganar daga tushe.

Tun zamanin kakanmu muke bin hanyar nan. Wannan bai isa hujja ba?

A wurin dattawan unguwa ya isa. A wurin dokar farar hula da Kamaru ta gada daga Faransa, shi kaɗai bai isa ba, kuma gara ka ji wannan tun kafin ka biya kuɗin lauya. Sashe na 691 ya ce irin haƙƙin da sai mutum ya motsa ake amfani da shi, kamar wucewa ta filin wani, ba ya tabbata sai da takarda, komai daɗewar da aka yi ana yi. Doka na ɗaukar cewa maƙwabci ya yi maka kara ne, kuma kara ba ta zama dole.

Ƙofar da ta fi faɗi ita ce sashe na 682. Wanda filinsa ke kulle, ba shi da mafita zuwa hanyar jama'a, ko mafitar da yake da ita ba ta isa amfanin filin ba, yana da ikon neman hanya ta filin maƙwabci, da sharaɗin ya biya diyya daidai da ɓarnar da hanyar za ta jawo. Sashe na 683 ya ce a bi inda ya fi kusa da titi, a kuma zaɓi wurin da ya fi ƙarancin cutar da mai filin. A nan ne daɗewa ke amfani: in filinka kulle yake, sashe na 685 ya ce shekara 30 ana bin wuri ɗaya ba yankewa na tabbatar da cewa nan ne hanyar, ba wani gefe ba. To ka ga tambayar farko da lauya nagari zai yi maka ita ce ko kana da wata ƙofa ta baya. In akwai, ko da ta zagaye ce mai nisa, maganarka ta yi rauni sosai.

Gidan gado ne aka raba, rabona ya faɗa a baya. Wa zan nemi hanya wurinsa?

Wurin 'yan'uwanka, ba wurin baƙon maƙwabci ba. Sashe na 684 ya ce idan rabo, ciniki ko musanya ne ya jawo kullewar fili, a cikin filayen da aka raba ɗin za a fitar da hanya. Sai in ba za ta yiwu a can ba ake komawa kan sauran maƙwabta. Wannan kuskure ne da ke kayar da ƙara tun a zaman farko: mutum ya ji nauyin kai yayansa kotu, sai ya kai maƙwabcin da bai ci ba bai sha ba, lauyan wancan kuwa ya buɗe wannan sashe ya zauna.

Me alƙalin gaggawa ke so ya gani kafin ya ba da umarni?

Abu biyu: cewa akwai gaggawa ta gaske, da cewa zai iya ba da umarnin ba tare da ya yanke asalin rigimar ba. Gaggawa ba a baki take ba. Abin da ya fi nauyi shi ne rahoton wisiye, wanda zai zo da kansa ya tsaya a bakin lungun, ya ja awo, ya ɗauki hoto, ya rubuta rana da sa'a. Ka sa ya rubuta abin da ido ke gani: cewa an jera bulo layi huɗu, cewa faɗin da ya rage santimita 60 ne, cewa kurar mai ruwa ba ta shiga, cewa gidan baya ba shi da wata ƙofa, cewa ruwan sama daga tsakar gida ta nan yake fita. Mutanenmu kan ce lungun da makara ba za ta fita ba, ba lungu ba ne, kuma babu laifi a nuna wa wisiye wannan ya auna.

Sai takardu: titir fonsiye, wato takardar mallakar fili, naka da na maƙwabci in ana iya samu, taswirar kadastir, wato ofishin awon filaye, takardar ciniki ko ta rabon gado in ta ambaci hanya. Jinkiri kuma yana cin mutum. Wanda aka toshe wa hanya tun kafin azumi bai zo kotu ba sai bayan babbar salla, da wuya ya gamsar da alƙali cewa abin na gaggawa ne. Ga manomi kuwa lokacin aiki shi ne hujjarsa: mai gonar masakwa a karkarar Marwa da aka tare wa hanya daf da dashe, in ya rasa makonnin nan ya rasa shekarar, kuma wannan magana ce da alƙali ke ganewa.

An kawo mini umarni alhali ba a taɓa kirana kotu ba. Hakan na yiwuwa?

Duba takardar da kyau, domin iri biyu ne. Akwai umarnin da alƙali ke sa wa hannu a kan buƙatar mutum ɗaya, ba tare da an ji ɗayan ba. Ana yin sa ne a abubuwan da sanar da abokin gaba zai ɓata, kamar ba wisiye izinin shiga ya duba wuri. Irin wannan, hanyarka ita ce ka koma wurin alƙalin da ya sa hannu, ka kira wanda ya nema, ka roƙi a janye shi. A nan ne za a ji bakinka karo na farko, kuma in aka yi amfani da wannan gajeriyar hanya aka samo abu mai nauyi kamar rushe katanga, kana da babbar hujjar neman a janye.

In kuwa refere ne na sosai, an aika maka sammaci ba ka je ba, to ba a komawa wurin alƙalin a ce a sake don an yi ba ka nan. Ɗaukaka ƙara ce ta rage maka, ka karanta amsar da ke biye yanzu-yanzu. Idan sammacin ne bai iso ka yadda doka ta tsara ba, wannan ma hujja ce da za ka kai can.

Kwana nawa nake da su in ɗaukaka ƙara?

Kwana 15, daga ranar da wisiye ya isar maka da umarnin a hukumance. Ba wata uku ba. Wata uku na hukuncin shari'ar farar hula ne na yau da kullum, kuma rikita waɗannan biyu ya kashe ƙararraki masu kyau.

Abin lura shi ne isarwa ba lallai sai a hannunka ba. Wisiye na iya zuwa kana kasuwa ko ka yi tafiya Kusiri, ya yi sallama a zaure, ya miƙa wa ɗanka babba ko uwargida, ya rubuta sunan wanda ya karɓa da kwanan wata. Takardar da Faransanci take, sai a ninke ta a sa a ƙarƙashin katifa ko cikin kwalla, a ce sai maigida ya dawo. Kwanaki kuwa suna tafiya. Ka gaya wa mutanen gidanka tun yau: duk takarda mai hatimi da ta shigo, a ɗauki hotonta da waya a turo maka a ranar, gaba da baya, musamman shafin da aka cike da biro.

Ina ake kai ƙarar, kuma yaya ake yi?

Kotun ɗaukaka ƙara ta yankinka. Kowane yanki na da guda a babban birninsa: ta Arewa a Garwa, ta Arewa Mai Nisa a Marwa, ta Adamawa a Ngawundare. Mutumin Gidar zai zo Garwa, na Mokolo ko Yagwa zai je Marwa. Ana shigar da rubutacciyar buƙata tare da kwafin umarnin da ake ƙalubalanta, a bayyana inda alƙalin farko ya kuskure. Akwai kuɗin ajiya da za a yanka maka ka biya a ofishin magatakardan kotu. Kada ka yi wasa da shi, domin rashin biya a kan lokaci na iya zubar da ƙarar ba tare da an ko buɗe ta ba. Ka karɓi rasit na kowane sisi.

Na ɗaukaka ƙara. Zan iya ci gaba da ginina kafin a yanke?

Ba za ka iya ba. Umarnin refere ana aiwatar da shi nan take, ɗaukaka ƙara ba ta tsayar da shi. In an ce ka dakatar da gini, ka sallami magina. In an ce ka buɗe ƙofa, ka buɗe.

Hanya ɗaya ce ta neman a tsayar, ita ce ta dokar 92/008 ta 14 ga Agusta 1992, wadda aka yi wa gyara a 1997. Bayan ka ɗaukaka ƙara, sai ka shigar da wata buƙata ta daban a kotun ɗaukaka ƙara kana neman a hana aiwatarwa. Magatakarda zai ba ka shaidar ajiye buƙatar, kuma isar da wannan shaida ga abokin shari'arka na dakatar da aiwatarwa har kotu ta yi magana. Sai dai ƙofar ƙunci gare ta. Tun da doka ce da kanta ta ce a aiwatar da refere nan take, ba a karɓar buƙatar sai in umarnin ya saɓa wa ƙa'idojin da ba a ketarewa ko alƙalin ya shiga abin da ba huruminsa ba. Wasu na shigar da ita don cin lokaci kawai, su samu su kai katanga linta. A ganina wannan wayo ne mai tsada: duk bulon da ka ɗora bayan umarni, kai za ka biya kuɗin sauke shi in ka faɗi, kuma alƙalai ba sa mantawa da wanda ya yi musu haka.

To me kotun ɗaukaka ƙara ke dubawa, in ba wanda ya fi gaskiya ba?

Wannan ita ce tambayar da ta fi muhimmanci, kuma rashin fahimtarta ne ke sa mutum ya kwashi dattawa shida daga unguwa zuwa Garwa, ya dawo yana cewa ba a saurare su ba. Alƙalai uku ne ke zama. Suna da ikon sake duba hujjoji da doka gaba ɗaya, ba kuskuren rubutu kaɗai ba, amma a cikin iyakar ikon alƙalin gaggawa. Su ma ba za su yanke wa ke da hanya har abada ba. Tambayarsu ita ce: wannan umarni na wucin gadi, ya dace a bayar da shi, kuma ya tsaya inda ya kamata ya tsaya?

Za su duba ko gaggawar ta tabbata. Za su duba ko alƙalin farko ya zarce, wato ya shiga fassara takardun mallaka masu karo da juna, ko ya furta cewa wane na da haƙƙin hanya, ko ya yanka diyya ta dindindin. Za su duba ko ya ba da abin da ba a roƙa ba: an nemi a dakatar da gini, shi kuma ya ce a rushe ɗaki. Za su duba ko maganar ma ta kotu ce ko ta hukuma, kamar yadda aka yi bayani a amsoshin fili marar titir da lungun gwamnati a ƙasa. Sannan za su duba ko ya faɗi dalilansa, domin sashe na 7 na dokar 2006/015 ya wajabta wa kowane hukunci ya zo da dalilai na abin da ya faru da na doka, in babu kuwa hukuncin ɓatacce ne.

Daga nan kowa ya san inda zai sa ƙarfinsa. Mai gidan gaba zai nuna akwai jayayya mai nauyi: ga titir ɗinsa babu ambaton hanya, ga wata ƙofa da mai gidan baya ya toshe da kansa ya mai da ita shago. Mai gidan baya zai nuna cewa ba a nemi a ba shi komai ba, an nemi kawai kada a kulle iyali a gida da ƙarfin tsiya kafin shari'a. Ana karɓar sababbin takardu, kamar sabon rahoton wisiye, amma ba a karɓar sabuwar buƙatar da ba a kai gaban alƙalin farko ba. A ƙarshe kotu na iya tabbatar da umarnin, ta soke shi, ko ta gyara shi, misali ta bar hanyar ƙafa ta hana ta mota.

Alƙali ya ce ba shi da hurumi. Na faɗi ke nan?

Ba ka faɗi a kan hanyar ba. Ya ce ne maganar ta fi ƙarfin zaman gaggawa, a kai ta babbar shari'a. Kana iya ɗaukaka ƙara cikin kwana 15 ɗin nan, amma sau da yawa kuɗin da lokacin sun fi amfani in ka zuba su a asalin ƙarar, inda za a iya tura masanin awo ya je ya ga wurin.

Filayenmu duka ba su da titir fonsiye. Wannan ya canja wani abu?

Ya canja da yawa, kuma haka akasarin gidajen tsofaffin unguwanni da gonaki suke. A ƙarƙashin dokar ƙasa mai lamba 74/1 ta 6 ga Yuli 1974, titir fonsiye ne shaidar mallaka a hukumance, filin da ba shi da shi kuma yana cikin ƙasar da gwamnati ke kula da ita a madadin al'umma. Gyaran da aka yi a 1983 ya ce jayayya kan mallakar filin da ba a yi wa rajista ba ta kwamitin ba da shawara ce, wanda sufurefe, wato wakilin gwamnati mai kula da gunduma, ke shugabanta, da sarkin wurin da dattawansa biyu a ciki. Sauran rigingimun fili ne aka bar wa kotu.

Don haka yadda aka rubuta buƙatarka na iya ɗaga ta ko ya kayar da ita. In ka ce ƙasar lungun taka ce, ka ba abokin shari'arka damar cewa a tafi wurin sufurefe. In ka ce an tare maka mafita da ƙarfi, kana neman a cire abin da aka tare da shi kafin masu hurumi su yanke, ka fi kusa da abin da alƙalin gaggawa zai iya yi. Rashin hurumi na cikin manyan dalilan da ake soke umarni da su a kotun ɗaukaka ƙara, har ma da hana aiwatar da shi.

Maƙwabcina ya ƙi bin umarnin. In sa yara su rushe katangar?

Kul. Dokar hukunta laifuka ta 2016 na hukunta lalata kayan wani a sashe na 316, sashe na 239 kuma na hukunta shiga filin da wani ke zaune a kai lafiya ta hanyar da za ta iya tayar da hankali, ko da filin naka ne. Mutum yakan shiga da takardar nasara a aljihu ya kwana a jandarmeri.

Aiwatarwa aikin wisiye ne. Shi zai isar da umarnin, ya ba da wa'adi, in ta kama ya nemi rakiyar jami'an tsaro ta hanyar da doka ta tsara. Abin da ya fi sa mai taurin kai ya sauko shi ne tarar jinkiri, wato kuɗin da alƙali ke yankawa a kan kowace rana da aka ƙi bin umarni. Ka roƙe ta tun a buƙatarka ta farko, kada ka bari sai daga baya. Ba ta shigowa aljihunka da kanta: sai wisiye ya rubuta cewa har yanzu hanya a toshe take, ka koma kotu a lissafa. In gardama ta taso kan yadda ake aiwatarwa, dokar 2007/001 ta 19 ga Afrilu 2007 ta ba shugaban kotun da ta yanke hukuncin ikon warware ta.

An rushe mini katanga bisa umarni, daga baya kotun ɗaukaka ƙara ta soke shi. Wa zai biya ni?

Wanda ya sa aka aiwatar. Ƙa'idar ita ce mai aiwatar da hukuncin wucin gadi yana yi ne a kan wuyansa, in aka soke sai ya mayar da abu yadda yake ko ya biya. Ka tanadi hoton katangar kafin rushewa, rasit na siminti da bulo, da rahoton wisiye. Wannan kuma gargaɗi ne ga mai gidan baya: in buɗe ƙofa mai faɗin mita ɗaya zai wadatar da kai kafin a gama shari'a, kada ka nace sai an kwantar da katangar duka.

Abubuwa sun canja bayan umarnin. Sai na ɗaukaka ƙara?

Ba dole ba. Tun da na wucin gadi ne, ana iya komawa wurin alƙalin gaggawa a nemi ya gyara ko ya ɗage shi idan wani sabon abu ya faru bayan ya yanke. Misali magajin gari ya fasa sabon titi ta bayan gidan, ko mai gidan baya ya sayi filin da ke kusa wanda ya ba shi mafita, ko an ba shi hanyar ƙafa ya mai da ita ta manyan motocin dakon kaya. Hujjar da kake da ita tun farko ka manta ba ka kawo ba, ba sabon abu ba ce. Wannan ta ɗaukaka ƙara ce, da kwanakinta 15.

Ko da hanya ta tabbata da takarda, sashe na 701 na dokar farar hula ya ba mai gidan gaba damar ya miƙa wani wuri daban in na farkon ya zame masa cikas, muddin sabon ya kai na da sauƙi. Sashe na 702 kuma ya hana mai bin hanya ya ƙara wa maƙwabcinsa nauyi fiye da abin da aka ba shi.

Zan iya kaiwa har Kotun Ƙoli a Yawunde?

Kana iya, cikin kwana 30, kuma a nan sai da lauya. Amma Kotun Ƙoli ba ta sake auna lungu. Dokar 2006/016 ta lissafa dalilan da take karɓa, irin su saɓa doka, rashin hurumi, rashin dalilai ko karonsu da juna, da ƙin amsa hujjar da aka gabatar a rubuce. Kai ƙara can ba ya tsayar da aiwatarwa sai an nemi hakan daban. A kan umarnin wucin gadi, shawarata ita ce a yi tunani sau biyu, domin babbar shari'ar da ke gida na iya ƙarewa ta shafe umarnin tun fayil bai fito daga Yawunde ba.

Lungun yana cikin taswirar unguwa, ba na kowa ba ne. Ko burtali ne aka nome. Hanya ɗaya ce?

Ba ɗaya ba ce. In lungun titi ne da aka fitar lokacin yanka filaye, to na jama'a ne, ba ka buƙatar sashe na 682, ba ka kuma biyan diyya. Ka nemi taswirar a kadastir, ka kai kuka a rubuce wurin magajin gari da sufurefe, ka tambaya ko mai ginin na da izinin gini kamar yadda dokar tsara birane ta 2004 ta tanada. In hukuma ce da kanta ta ba wani takarda a kan hanyar, ƙalubalantar takardar aikin kotun gudanarwa ne, kuma kafin a je can sai an fara rubuta wa hukumar ana neman ta janye. Ita ma wannan kotu tana da nata tsarin dakatar da aiwatar da takardar hukuma kafin ta yanke.

Burtali kuwa, dokar 78/263 ta 1978 ta ba kwamitin sasanta manoma da makiyaya, ƙarƙashin sufurefe, aikin shata hanyoyin dabbobi da sauraron rigimarsu. Can ake farawa.

Ina da gida a Kusiri da wani a Njamena. Dokar ɗaya ce?

Tushen dokar farar hula ɗaya ne, daga Faransa, amma Chadi na da nata dokokin ƙasa na 22 ga Yuli 1967 da nata tsarin shari'a. Kada ka ɗauki lambobin sassa da kwanakin da ke wannan shafi ka haye gada da su.

Maganar na kotu, amma dattawa na so a koma fada a sasanta. Ya halatta?

Ya halatta, kuma sau da yawa shi ya fi, tun da ku biyun za ku ci gaba da haɗuwa a masallaci ɗaya. Dokar 1977 kan sarautun gargajiya ta amince wa lamido, lawan da jauro su yi sulhu tsakanin mutanensu. Malamai kan kawo hadisin da ya ce in an yi saɓani kan hanya a sa faɗinta zira'i bakwai, kuma ko wurin bai kai haka ba, yana ba masu sulhu ma'aunin da za su fara da shi. Sai dai fada ba ta soke umarnin kotu, zaman sulhu kuma ba ya tsayar da kwana 15. In kai ne umarnin ya faɗa wa, ka shigar da ƙararka a kan lokaci, ka je fada da rasit a aljihu. In an daidaita, janyewa ba ta da wuya.

Abin da aka amince a kai a rubuta shi dalla-dalla: faɗin hanya da mita, daga ina zuwa ina, ƙafa ce ko har mota, wa zai gyara magudanar ruwa, nawa ne diyya kuma yaushe za a biya. In filin mai titir ne, sashe na 8 na dokar 74/1 ya ce yarjejeniyar da ta kafa haƙƙi a kansa sai a gaban notar, wato jami'in da doka ta ba ikon rubuta yarjejeniya a hukumance, in ba haka ba ba ta da inganci. Bayan notar a kai ta ofishin rajistar filaye a shigar da hanyar a kan titir ɗin mai gidan gaba, don ta bi filin duk hannun da ya koma.